Jarabawa a kan gumakan Girkawa: ko amsa ta na taɓa imanina?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam, Allah ya ƙara lafiya da nisan kwana. Ni ɗaliba ce a jami'a ina karanta adabin Turanci, to a wannan zangon akwai kwas ɗin da ake mana a kan tatsuniyoyin Girkawan da, su Ziyus da Hera da Afolo da jarumansu irin su Akilis da Harkulis, kuma sai an yi tes a kai. A tes ɗin farko an tambayi waye sarkin alloli na rubuta Ziyus, wallahi tun ranar hankalina bai kwanta ba, wata ƙawata ma cewa ta yi na yi shirka da hannuna sai na sake kalmar shahada. Ga shi kwas ɗin dole ne, in ban ci ba sai na maimaita. Malam ya zan yi dan Allah?

AMSA: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. 'Yata ki kwantar da hankalinki, ba ki yi shirka ba, kuma wannan tsoron da ya hana ki sukuni shi kansa alamar imanin yana nan ne. Ƙawar taki niyyarta mai kyau ce amma ta yi gaggawa, jifan mutum da shirka ba abu ne da ake yi a kan zato ba.

Malamai suna da ƙa'ida da suke cewa naƙilul kufri laisa bi kafir, wato wanda ya ba da labarin kafircin wasu bai zama kafiri ba matuƙar bai yarda da shi ba. Ki duba Alƙur'ani da kansa, a Suratun Najmi Allah ya kira Lata da Uzza da Manata da sunayensu, a Suratu Nuh aya ta 23 ya jero Wadda da Suwa'a da Yagusa da Ya'uƙa da Nasra, har maganar Fir'auna da ya ce shi ne ubangiji mafi ɗaukaka an kawo, kuma muna karanta su a cikin sallah ana ba mu lada. To in kin rubuta Ziyus a takardar jarabawa, ke da lakcaran naku duk kun san abin da ake nufi shi ne "a wajen Girkawa", ba wanda ke tambayar aƙidarki. Inda amsar doguwa ce ki riƙa sa "a cewarsu" ko "a riyawar Girkawa", ba zai rage miki maki ba, inda kuma zaɓi ne na A B C to niyyar zuci ta wadatar.

Kuma ba yau Musulmi suka fara wannan ba. Hisham Ibnul Kalbi da ya rasu wajen 204 bayan hijira littafi guda ya yi a kan gumakan Larabawa, Kitabul Asnam, wane gunki ne na wace ƙabila, ina aka ajiye shi, wa ya rushe shi. Biruni da ya rubuta littafinsa a kan addinin Indiyawa wajen shekarar 1030 ya faɗa tun a gabatarwa cewa shi labari yake bayarwa yadda yake, kuma a ciki har Ziyus ɗin nan naki ya ambata yana kwatanta Girkawa da Indiyawa. Mu ma nan gida ai labarin Barbushe da Tsumburbura a Dutsen Dala rubutacce ne da Larabci a tarihin Kano, masu ilimi ne suka adana shi, ba a ce sun koma maguzanci ba. Hatta sahabbai, Jabir ɗan Samura ya ruwaito a Sahihu Muslim cewa sukan zauna suna tuna al'amuran jahiliyya suna dariya Annabi (SAW) yana murmushi.

Ni abin da ma nake so ki lura da shi in kina karatun, shi ne yadda labaran da kansu suke tona asirin kansu. A waƙar da mawaƙinsu Hesiyod ya yi a kan asalin alloli, Kuronos uban Ziyus haɗiye 'ya'yansa yake yi ɗaya bayan ɗaya don tsoron kar su ƙwace masa mulki, sai matarsa Riya ta naɗe dutse a zanin goyo ta ba shi ya haɗiye a madadin Ziyus, yaron ya girma a ɓoye a tsibirin Kirit ya dawo ya tumɓuke uban. Wanda ake ruɗa da dutse a tsumma! A Iliyad kuma, doguwar waƙar mawaƙinsu Homa, mai babi 24, wadda ake ganin an tsara ta wajen ƙarni na 8 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), allolin rabuwa suka yi gida biyu a yaƙin Turoi, wasu na bayan Girkawa wasu na bayan mutanen garin, Hera tana yaudarar mijinta Ziyus ta sa shi barci don ɓangarenta ya samu galaba, har wani jarumi ɗan adam Diyomidis ya soki Afrodait, ɗaya daga cikin allolin, a hannu ta gudu sama tana kuka wajen uwarta. Ki karanta wannan sannan ki karanta aya ta 22 a Suratul Anbiya inda Allah ya ce da akwai wasu alloli a sama da ƙasa ban da Shi da sun lalace, sannan ki karanta Ƙulhuwallahu, lam yalid wa lam yulad, wallahi za ki ji ta da wani ɗanɗano da ba ki taɓa ji ba. Su kansu masu hankalin Girkawa abin ya dame su, Zenofanis ya zargi Homa da Hesiyod da jingina wa alloli sata da zina da yaudara, Aflaɗon kuma ya ce kar a koya wa yara irin waɗannan labaran. Wannan ma in kin kawo shi a jarabawa ƙarin maki ne.

Amma fa akwai iyaka, kuma a nan nake so ki buɗe kunne. Rantsuwa da su ko da wasa haramun ce, Annabi (SAW) ya ce wanda ya rantse da Lata da Uzza ya ce la'ilaha illallah, hadisin na Bukhari. In an ce ku yi wasan kwaikwayo kuma rawar da aka ba ki akwai durƙusa wa gunki ko roƙonsa, ki nemi a canza miki, wannan aiki ne da jikinki, ya wuce ba da labari. Labaran Ziyus da mata cike suke da batsa, ki tsaya a iya abin da darasi ke buƙata. Haka gasar kacici-kacici ta waya a kan waɗannan labarai ba laifi, sai dai in kowa zuba kuɗi yake wanda ya ci ya kwashe, to wannan caca ce ko da tambayoyin fiƙihu ake yi.

Akwai malaman da suka fi tsanantawa, suna kafa hujja da aya ta 6 a Suratu Luƙman a kan lahwal hadis, wato zancen da ke shagaltarwa, da labarin Nadru ɗan Haris da yake tara Ƙuraishawa yana ba su labaran Rustam da Isfandiyar na Farisa don ya ɗauke hankalinsu daga Alƙur'ani. Maganarsu tana da ƙarfi a kan wanda bai san tauhidinsa ba ya je ya nutse a ciki, ko yaro ƙarami da aka bar wa katun da gem na waɗannan alloli ba mai yi masa bayani, wannan kam ni ma ina hana shi. Amma illar da ayar ta ambata ita ce ɓatarwa daga hanyar Allah, ke kuwa darasi aka ɗora miki kina ƙyamar abin a zuciyarki, hukuncin ba ɗaya ba ne.

Sunayen ma sun riga sun shiga bakin kowa ba da nufin bauta ba, ciwon idon nan da muke kira Afolo daga kumbon Apollo 11 na 1969 ya samo suna don a shekarar ya ɓarke a Gana, shi kuma kumbon sunan gunkin Girkawa ne, ba wanda ya ce mai cewa "Afolo ya kama ni" ya yi shirka.

Don haka ki je ki yi karatunki ki ci kwas ɗin, babu kaffara a kanki kuma ba sai kin sabunta shahada saboda wannan ba. Ki nuna wa ƙawar taki wannan amsar cikin lalama. Wallahu a'alam.