Kai musu fim ɗin su gani tukuna

Ka tambaye ni dalilin da na ce kada ka saki fim ɗin masuntan nan sai ka koma ka nuna musu, alhali ka gama tacewa, kiɗa ma ya zauna. To ɗana, zauna ka ji. Wannan al'ada daga aikin Jean Rouch na ɗauko ta.

Bafaranshe ne mai shirya finafinai, an haife shi a 1917. Ya zo Nijar a 1941 a matsayin injiniyan hanya, ba mai ɗaukar hoto ba. Tsakanin 1946 da 1947 shi da abokansa biyu suka bi kogin Neja a kwalekwale da 'yar kyamara Bell & Howell, irin wadda ake murɗawa da hannu, ta yi daƙiƙa ashirin da 'yan kai ta tsaya. A wannan tafiya ya rasa ƙafar kyamarar, sai ya koma riƙe ta a hannu, yana shiga cikin mutane yana tafiya tare da su. Daga baya ya mai da hakan salonsa da gangan.

Abin da ya shafe ka ya faru a Ayorou, wani gari a bakin kogin Neja a Nijar. Ya ɗauki Sarkawa suna farautar dorina, ya tace a Faransa, ya ɗora kiɗa a kan farautar don ta ƙara armashi. A 1954 ya dawo da majigi, aka rataya farin ƙyalle, mutanen suka zauna suna kallon kansu. Da aka gama suka ce kiɗan nan bai dace ba: shiru ake farautar dorina, domin tana jin sauti ko tana ƙarƙashin ruwa. Ya cire kiɗan. Wannan gyara babu ƙwararren mai tacewa a Faris da zai iya yi masa, sai mai riƙe da mashi.

Daga nan bai tsaya ga nuna musu kawai ba, ya ba su baki. A fim ɗinsa Jaguar, Damouré Zika da Lam Ibrahim Dia suka yi wasan 'yan ci-rani masu tafiya Gana, bayan shekaru suka zauna gaban hoton suna zuba magana yadda ta zo musu, maganar tasu ta zama muryar fim ɗin. A Moi, un noir na 1958, Oumarou Ganda, ɗan dako a Abijan, shi ya faɗi rayuwarsa da bakinsa, har ya zama darakta ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka na Wagadugu, a 1972.

Ba na ce Rouch bai da laifi ba. Fim ɗinsa Les Maîtres fous ya ɓata wa 'yan Afirka da yawa rai, Ousmane Sembène, daraktan fim ɗan Senegal, kuma ya ce masa yana kallon mu kamar ƙwari, kuma ina ganin maganar tana da nauyi. Amma bai daina komawa Nijar ba har ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Konni a 2004, aka binne shi a Yamai.

Gobe ka ɗauki majigi da janareto. Ka fara gaida Sarkin Ruwa, ka nuna bayan Isha, ka zauna a baya da littafinka. Inda suka yi dariya ba wurin dariya ba, rubuta. In sun yi ƙorafi kada ka kare kanka, ka tambaye su yadda abin yake.