Tambaya da Amsa: Mene Ne Firaimoriyal?

Tambaya: Malam, ni ɗalibin sakandare ne a Daura. Malamin lissafinmu ya rubuta 7# a allo, ya ce amsarsa 210, sai aka kaɗa ƙararrawa kafin ya yi bayani. Me wannan alama take nufi?

Amsa: Ɗana, sunan abin firaimoriyal. Akwai lambobin da ba sa rabuwa daidai sai da 1 ko da kansu, irin su 2, 3, 5, 7, 11 da 13. Idan ka ga lamba da alamar # a bayanta, ana nufin ka ninka dukkan irin waɗannan lambobi, tun daga 2 har zuwa kanta. Saboda haka 7# shi ne 2 sau 3 sau 5 sau 7, wato 210, kuma 11# ya zama 2310. Wani Ba'amurke mai suna Harvey Dubner ne ya raɗa sunan, ya kwaikwayi kalmar faktoriyal, wadda ita kowace lamba take ninkawa tun daga 1 ba tsallake.

Inda abin ya fi burge ni shi ne idan ka ƙara 1 a kan 210, domin babu ɗaya daga cikin 2, 3, 5 da 7 da zai raba 211 ba tare da saura ɗaya ba. Da irin wannan dabara Yuklid, wani masanin lissafi Bagirke na zamanin da, ya nuna cewa lambobin da ba sa rabuwa sai da 1 ko da kansu ba su da iyaka. Sai dai kada ka ɗauka kullum sakamakon ba ya rabuwa: 13# shi ne 30030, amma 30031 daidai yake da 59 sau 509.