Dalilin da ya sa kotunan Indiya ke ba masu kafa turken sadarwa kariyar 'yan sanda

Tambaya: Na ji cewa a Indiya, idan mutanen unguwa suka hana a kafa turken sadarwa kusa da gidajensu, kamfani yakan garzaya kotu, ita kuma ta sa 'yan sanda su tsaya har a gama aikin. Shin wannan ba fifita masu kuɗi ba ne a kan talakawan da ke jin tsoro saboda lafiyarsu?

Amsa: Malam, abin da ka ji gaskiya ne, kuma ana yawan ganinsa a jihohin Kerala da Tamil Nadu. Sashe na 226 na kundin tsarin mulkin Indiya ya ba Babbar Kotun jiha ikon tilasta wa jami'in gwamnati ya sauke nauyin da doka ta ɗora masa. Hana tayar da tarzoma aikin 'yan sanda ne, don haka idan kamfani ya kai ƙorafi cewa an tare hanya ko ana barazana ga leburorinsa, 'yan sanda kuma suka yi biris, kofar kotu a buɗe take gare shi.

Sai dai wannan umarni ba lasisin gini ba ne, kuma a nan ne mutane da yawa ke kuskuren fahimta. Alƙali yakan fara duba ko kamfanin ya mallaki izinin da doka ta tanada, da yarjejeniyar haya da mai fili. Idan takardun ba su cika ba, ko hukuma ta dakatar da aikin, ba a ba da kariyar, domin kotu ba za ta tura 'yan sanda su tsare aikin da ya saɓa wa doka ba. Abin da umarnin ya hana shi ne tare aiki da ƙarfin tuwo. Bai hana mazauna unguwa yin zanga-zangar lumana ko shigar da tasu ƙarar ba.

Batun lafiya kuwa, kotuna sun jingina da hujjar masana. A 2006 Hukumar Lafiya ta Duniya ta bayyana cewa babu gamsasshiyar hujjar kimiyya da ke nuna cewa raunanan siginar da turakun ke fitarwa na cutar da mutane, kuma a wannan shekarar Babbar Kotun Kerala ta ɗauki irin wannan matsayi a shari'ar kamfanin Reliance Infocomm da majalisar ƙauyen Chemanchery. Duk da haka, a watan Satumba na 2012 gwamnatin Indiya ta rage iyakar ƙarfin siginar zuwa kashi ɗaya cikin goma na ma'aunin ƙasa da ƙasa, sannan a 2017 ta buɗe shafin intanet na Tarang Sanchar, inda kowa zai iya duba turken da ke kusa da shi, ya kuma nemi a zo a auna.

A ganina damuwarka tana da tushe ta fuska ɗaya: kamfani yana da lauyoyi a shirye, mutanen unguwa kuwa sau da yawa ba sa sanin komai sai sun ga an fara haƙa. Shi ya sa nake shawartar duk wanda abin ya shafa da ya nemi ganin takardar izinin tun da wuri, ya kai kuka ga hukumar da ta bayar da ita, ko ga kwamitin sadarwa na gunduma kamar yadda ake yi a Kerala, domin idan aka soke izinin, kariyar ma ta rasa madogara. Kotuna ba kullum suke bin bayan kamfanoni ba: a watan Nuwamba na 2012 Babbar Kotun Rajasthan ta umarci a cire turaku daga makarantu da asibitoci, har sai da kamfanonin suka ɗaukaka ƙara zuwa Kotun Ƙoli.