Zakara, gwani ko gwarzo: amsoshin tambayoyinku kan 'yan wasan hokin ƙanƙara na Turai

Tambaya daga wani mai fassara labaran wasanni a Kaduna: Malam, yaya zan kira wasan nan da ake yi da sanda a kan ƙanƙara, da abin da suke bugawa, tunda ba ƙwallo ba ne?

Hausa ta riga ta san ƙwallon gora, wato hokin da ake yi a fili. Gorar nan ita ce ta sanda, mace ce, ba goran ruwa ba, kuma karin sautinsu ya bambanta. Saboda haka ka ce ƙwallon gora na ƙanƙara, ko hokin ƙanƙara in kana son taƙaitawa. Abin da suke bugawa kuwa baƙar roba ce mai tauri, zagayayya, shafaffiya, faɗinta wajen santimita 7 da rabi, kaurinta santimita 2 da rabi, nauyinta bai wuce giram 170 ba. Ana daskarar da ita kafin wasa don kada ta riƙa tsalle. Sunan da ya dace da ita faifai, domin Bahaushe ya daɗe da ɗauko wannan kalma daga murfin ƙwarya ya ba duk wani abu zagayayye mai faɗi. Amma idan faifan ya shiga raga, ka bar maganar yadda kunne ya saba: ya ci ƙwallo. Wanda ya rubuta "ya ci faifai" zai sa masu sauraro dariya.

Wata ɗaliba daga Damagaram ta rubuto: Na karanta cewa Alexander Ovechkin ya karya tarihin Wayne Gretzky, wani kuma ya ce har gobe Gretzky ne a gaba. Wa ya yi gaskiya? Kuma ko ya dace a ce "gaba da gabanta"?

Duka biyun sun yi gaskiya, 'yata. Matsalar daga masu fassara take, da suke gwama ƙwallo da maki. A wannan wasa ƙwallo ita ce cin raga. Maki kuwa lissafi ne na daban: wanda ya ci ƙwallo yana samun ɗaya, haka kuma mutum biyun ƙarshe daga ƙungiyarsa da suka taɓa faifan kafin shi, kowa ɗaya. Ovechkin, ɗan Rasha mai yi wa Washington Capitals wasa, ya ci ƙwallonsa ta 895 a gasar NHL, babbar gasar hokin ƙanƙara ta Amurka da Kanada, ranar 6 ga Afrilun 2025, ya wuce 894 ta Gretzky, kuma a wasansa na 1,487, daidai adadin wasannin da Gretzky ya yi kafin ya ajiye sanda a 1999. A nan ya zama na ɗaya. A wajen maki kuwa wutsiyar raƙumi ta yi nesa da ƙasa: Gretzky, ɗan Kanada, yana da 2,857. Mai bi masa Bature ne ɗan Jamhuriyar Cek, Jaromir Jagr, da 1,921. Taimakon cin ƙwallo kaɗai da Gretzky ya bayar, 1,963, ya fi jimillar makin Jagr gaba ɗaya.

Cikakken karin maganar shi ne "gaba da gabanta, aljani ya taka wuta". Aljani da ake tsoro shi ma akwai abin da ya fi ƙarfinsa. Ana faɗinsa ne idan wanda ake ganin ba na biyunsa ya gamu da wanda ya fi shi, don haka ya hau kan batun ƙwallaye daram. Sai dai ki faɗi a wane fage, in ba haka ba mai karatu zai ɗauka an kere Gretzky a komai.

Wani malamin makaranta daga Kumasi ya tambaya: Mene ne bambancin zakara, gwani da gwarzo? Ina ganin ana yafa su ga kowane ɗan wasa.

Ana yafa su kam, kuma ragwanci ne. Zakara asalinsa namijin kaza ne, wanda ya kori sauran ya mallaki fili, don haka sai an ci gasa ake zama zakara. Gwani maganar iyawa ce, ko an ci kofi ko ba a ci ba, shi ya sa a tsangaya ake ba wanda ya kai matuƙa a haddar Alƙur'ani wannan laƙabi. Gwarzo kuwa zuciya ce da juriya, mutumin da wuya ba ta sa shi ja da baya.

Ɗauki tagwayen nan 'yan Suwidin, Henrik da Daniel Sedin, na Vancouver. Henrik ya fi kowa maki a 2010, Daniel ya biyo a 2011. Gwanaye ne ba musu. Amma a 2011 Boston ta doke su a wasa na bakwai na ƙarshen gasa, kuma har suka yi ritaya ba su ɗaga Kofin Stanley, wato kofin zakarun NHL, ba. Kada ka ce musu zakarun NHL. In kana son kalmar, ka kai ta gasar Olamfik ta 2006 a Turin, inda Suwidin ta ci zinare suna cikin tawaga.

Nicklas Lidstrom, mai tsaron baya na Detroit, ya haɗa biyu. Kofin Stanley sau huɗu, a 1997, 1998, 2002 da 2008, ga kyautar mai tsaron baya mafi ƙwarewa sau bakwai. Ba mai yawan bangaje mutane ba ne. Yakan riga abokin hamayya isa inda faifai zai bi, ya sa sanda ya tare hanya. Wannan gwaninta ce tsantsa.

Gwarzo kuma, a ganina, Borje Salming ne, ɗan garin Kiruna a can arewacin Suwidin. Lokacin da ya je Toronto a 1973, 'yan Kanada na yi wa mutanen Suwidin kallon matsorata. Filin Turai ya kai mita 30 a faɗi, na NHL kuwa wajen mita 26 ne, don haka can babu wurin kaucewa, sai gwabzawa a jikin katanga. Aka yi ta dukansa da sanda da kafaɗa don a ga ko zai gudu gida, ya zauna kaka 16 a ƙungiyar. A 1986 ƙarfen takalmin wani ɗan wasa ya tsaga masa fuska, aka yi masa ɗinki sama da 200, ya warke ya koma fili. Namiji barkono ne, sai an tauna ake sanin yajinsa. Bayansa ne ƙungiyoyi suka daina ɗari-ɗari da 'yan Turai.

Wani ya tambayi ko ƙwararre daidai yake da ɗan wasan da ake biya. A'a. Ƙwarewa gogewa ce. In albashi kake nufi, ka ce wanda ya riƙi wasa sana'a.

Ta ƙarshe daga Garwa: Ko ana iya cewa "da tsohuwar zuma ake magani" a kan Jagr, tunda ya haura shekara 50 yana wasa?

Ana iya, amma da sharaɗi, ɗan'uwa. Karin maganar ba yabon daɗewa ba ne kawai, kalmar "magani" ce ƙashin bayansa. Sai an shiga matsala, sabon hannu ya kasa, tsoho ya zo ya warware, sannan ake faɗinsa. An haifi Jagr a Kladno a 1972, ya ci Kofin Stanley da Pittsburgh a 1991 da 1992, da zinaren Olamfik a Nagano a 1998. Lamba 68 da yake sawa tunawa ce da shekarar 1968, lokacin da tankokin Tarayyar Sobiyat suka shiga ƙasarsu. In ka jero waɗannan ka liƙa karin maganar, ba ta zauna ba, domin a lokacin zumar sabuwa ce. Wurinta shi ne Afrilun 2019. Ya riga ya baro NHL ya koma Kladno, ƙungiyar garinsu wadda a lokacin shi ne mai ita, tana fafutukar hawa babban rukunin ƙasar. A wasan da ya tabbatar mata da hawan, shi ya ci ƙwallo huɗu, yana da shekara 47. A kan wannan labarin za ka ɗora ta.