Kotu za ta iya sa jami'a ta sake duba takardar jarrabawata?

Tambaya: Barista, na faɗi wani kwas da nake da yaƙinin na ci. Na tuntuɓi malamin, ya ce abin da na rubuta shi na samu. Shin kotu za ta iya tilasta wa jami'a ta sake yi wa takardata maki? Daga wata ɗaliba 'yar ajin ƙarshe.

Amsa: 'Yar'uwa, ƙofar kotu a buɗe take, amma kada ki je da tunanin alƙali zai ɗauki jan biro ya bi amsarki. Kotuna ba sa son shiga tsakanin malami da ra'ayinsa kan ingancin amsa. Haka Kotun Ƙolin Amurka ta tsaya a shari'ar Ewing da Jami'ar Michigan a 1985. Ta Indiya kuma ta ce a 2017 ba za a sake duba takarda ba idan dokar jarrabawar ba ta tanadi hakan ba, sai dai in kuskuren ya fito fili ƙarara.

Don haka "na cancanci fiye da haka" ba hujja ba ce. Abin da ke da nauyi shi ne saɓa ƙa'ida: an tara maki ba daidai ba, an tsallake shafi ba a duba ba, 67 ta koma 17 wajen shigar da sakamako, an yi amfani da jagorar amsa mai kuskure, ko malami na da wata a ƙasa game da ke, kuma kina da shaida. A ganina, kuskuren lissafi ya fi kowanne sauƙin gyarawa, shi ne kuma ɗalibai ba su cika zarginsa ba.

Fara da neman ganin takardar, a rubuce. A Indiya, tun 2011 Kotun Ƙoli ta ce ɗalibi na da wannan haƙƙin ƙarƙashin dokar samun bayanai ta 2005. Kotun Tarayyar Turai ta yanke a 2017 cewa amsar ɗalibi da sharhin mai makin bayanan ɗalibin ne na ƙashin kansa, don haka yana da haƙƙin ganinsu. A wasu ƙasashen sai abin da dokar jami'ar ta ce.

Daga nan sai ki buɗe kundin ƙa'idojin ɗalibai ki ga wa'adin shigar da ƙorafi, domin yawanci gajere ne, kuma in ya wuce magana ta yi wuya. Ki bi matakan bi da bi, daga sashe zuwa tsangaya zuwa majalisar jami'a, kina adana kwafin kowace wasiƙa mai ɗauke da hatimin karɓa. Wanda ya tsallake waɗannan, kotu kan mayar da shi baya. A Ingila akwai ofishin OIA mai sauraron koken ɗalibai, shi ma sai an gama da jami'a, kuma ba ya taɓa ra'ayin malami kan amsa.

In kin yi nasara, galibi umarni za a bayar wani malami dabam ya sake dubawa. Ki tambaya tun yanzu ko dokar jami'arku ta yarda makin ya ragu bayan sake dubawa, domin a wasu jami'o'in sabon makin shi ke zama, ko da ya gaza na farko.