Tsofaffin hotuna a fim ɗin tarihin Damagaram

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ina haɗa fim a kan tarihin Birni, wato tsohuwar unguwar garinmu, da fadar Sarkin Damagaram, kuma na ci karo da wasu tsofaffin hotuna masu motsi na mahaya dawaki a YouTube. Ko zan iya sa su a inda nake ba da labarin Sarki Tanimun? Daga mai karatu a unguwar Zango, Damagaram.

Amsa: Wa'alaikumus salam, ɗan'uwa. Allah ya sa wa aikin albarka, amma kada ka sa su a wannan gurbi. Sarki Tanimun ya rasu a 1884, alhali sai a 1895 aka fara nuna sinima a Faransa, saboda haka duk mahayin da ka gani yana motsi a majigi, ba a zamaninsa aka ɗauke shi ba. Mai kallo yana ɗaukar tsohon hoto a matsayin shaida, ya fi gaskata shi a kan bakin mai ba da labari, kuma idan dattijo ɗaya ya gane an ɗora hoton kan zamanin da ba nasa ba, sauran fim ɗin ma ya shiga zargi.

Inda irin waɗannan hotuna suke da amfani shi ne zamanin Turawa. A ƙarshen 1924 ayarin motocin Citroën da ya ratso Sahara daga Aljeriya ya biyo ta Damagaram da masu ɗaukar fim, lokacin garin yana babban birnin Nijar, kafin a mayar da mulki Yamai a 1926. Sai dai Bature ya ɗauki abin da ya burge shi ne, dawaki da rawuna da ƴan algaita, don haka ka zaunar da dattawan Birni gaban hoton, su faɗi wace ƙofa ce, wane hawa ne, sannan ka rubuta shekara da tushe a ƙasan allo.

Game da izini, ganin abu a YouTube ba ya halatta maka shi. Ka binciko mai haƙƙinsa, domin da yawa suna hannun ma'ajiyoyin Faransa irin su INA, mai adana shirye-shiryen rediyo da telebijin, kuma tashar telebijin za ta nemi takarda kafin ta watsa.

Abin da ya fi damuna shi ne namu na gida. Kasakasan bidiyo na hawan Sallah suna jibge cikin akwatunan ƙarfe, zafi da ƙura suna cin su, zaren yana mannewa har ya tsinke cikin na'ura. Ka bi gidajen tsofaffin masu ɗaukar biki, ka nemi yardarsu, ka juye abin da ya rage a kwamfuta tun kafin bazara ta sake zagayowa.