Ka ce in nuna maka inda Ruwan Bagaja yake

Maigidana, ƙanwarka ta karanta mini saƙonka. Wai kana tsara labari a kwamfuta kan wani kogi na sihiri, kana so in faɗa maka a wace ƙasa Ruwan Bagaja yake don ka sa shi a taswira, kuma wai da gaske ne ba a tatsuniya da rana? Na yi dariya, daga baya kuma jikina ya yi sanyi, jikana guda bai san wannan ba.

Ni a bakin Iya, kakarmu, na fara jin sunan ruwan nan, a Argungu, bayan isha'i, an kashe aci-balbal don kada mai ya ƙare. Ta ce ga ta nan ga ta nanku, muka ce ta zo mu ji ta. Yarinya ce ta yi fitsari a kan ƙirgin kishiyar uwarta, aka ce sai ta je Ruwan Bagaja ta wanke. Ta kama hanya. Ta iske kogin tuwo da miya, ta yi sallama ta tambaye shi ko shi ne Bagaja, ya ce a'a, amma ta zauna ta ci. Ta ce alhamdu lillahi, ta wuce. Haka kogin nama, haka na zuma, ga yunwa tana cin ta amma ba ta sa hannu ba. Da ta isa aka ba ta ƙwai, ta zaɓi ƙarami, ta koma gida da dukiya. 'Yar kishiya da ta bi sahu, duk kogin da ya yi mata tayi sai ta zauna ta cika ciki, ta zaɓi babban ƙwai, ka san yadda ta ƙare. Iya takan tsaya a nan ta ce, kwaɗayi mabuɗin wahala. Ba wanda ya taɓa tambayarta gabas yake ko yamma.

To mu muna da namu ruwan mai doka a bayan gari, Matan Fada. Duk shekara a rufe yake, ba mai jefa homa sai ranar da aka buɗe. Babanmu yakan ce bikin kamun kifin da ake yi ranar ya samo wannan girma ne tun 1934, da Sarkin Musulmi Hasan ɗan Mu'azu ya kawo wa Sarkin Kabi ziyara, aka binne tsohuwar gabar Kabawa da Sakkwato.

Wata shekara, saura kwanaki a buɗe ruwa, yayanmu ya sulale da asuba ya dawo da kifi a cikin riga, yana murna. Inna ta riga ta ɗora tukunya. Baba ya shigo, ya dubi kifin, ya dubi ƙafar Yaya da laka har gwiwa, ya tambaye shi daga wane ruwa. Yaya ya sunkuyar da kai. Wallahi bai taɓa shi ba, ko tsawa bai yi ba. Ya ce a sauke tukunya, ya sa Yaya ya ɗauki kifin a faifai, a buɗe, suka bi ta tsakiyar unguwa har ƙofar Sarkin Ruwa, ni ina biye da su daga nesa. Tsohon yana kan buzu yana gyaran gora. Ya bar su a durƙushe ya gama ɗaurin da yake yi, sannan ya ce, yaro, ruwan da ka shiga a duhu, ka yi masa sallama? Ka san wanda ke kwance a ciki? Don Sarkin Ruwa ne mai fara shiga ya tabbatar kadoji sun kauce kafin jama'a su faɗa. Ya karɓi kifin ya bayar sadaka. Daren nan busasshiyar kuɓewa muka sha, ba wanda ya ce uffan. Ranar buɗe ruwa kuwa, da aka harba bindiga maza dubbai suka ruga da goruna da homa, ƙasa tana girgiza, Yaya yana cikinsu, Baba da kansa ya riƙe masa riga a bakin gaɓa.

Iya ta ce ruwa ba sa'an kwando ba ne. A bakinta ruwan tatsuniya da ruwan gari duk doka ɗaya gare su, ka yi sallama, ka jira izini, kada ka ɗauki abin da ya fi ƙarfinka. Yanzu ina jin har magani wasu ke zubawa a rafi su kwashe kifi da 'ya'yansa, ga ledoji sun toshe magudanai. A 2016 hukumar UNESCO ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta sa bikin Argungu cikin al'adun duniya da ake tattali, mun ji daɗi, amma yaran gari nawa ne suka san dalilin rufe ruwan?

Zancen rana kuwa, mu an ce mana mai yin tatsuniya da rana ɓata yake yi a kasuwa, in ta kama dole sai an ɗaure Gizo tukuna. Da rana akwai surfe, akwai ɗebo ruwa, akwai makarantar allo, wa zai bar ka zaune kana Gizo da Ƙoƙi? Naka na kwamfuta ban san hukuncinsa ba tunda ba dare ba rana gare ku.

Ka rubuta koginka, na yarda, amma ka ba shi mai shi da abin da ya hana. In an yi hutu ka zo ka kwana biyu, akwai zancen cinya da kare da yarinyar ta tarar a bakin ruwan, wannan ba na saƙo ba ne. Ka gaishe da uwarka.